Heimat da Zangon Lome: Wanda Ya Bar Gida da Wanda Aka Tashi Gidansa

A watan Satumba na 1984 gidan talabijin na ARD a Jamus ta Yamma ya fara nuna wani dogon wasan kwaikwayo mai suna Heimat, wanda Edgar Reitz ya shirya. Kashi 11 ne, tsawonsa ya haura sa'a 15, labarinsa kuwa bai wuce na ƙauye guda da zuriya guda ba, tun daga 1919 har zuwa 1982. Da aka zo kai shi ƙasashen waje, sunan ne ya fara gagarar masu fassara, har aka haƙura aka bar shi da Jamusancinsa. Ɗalibin Hausa da ya gwada zai tarar da irin wannan cikas. In ya ce gida, ya kama ɗumin kalmar amma ya rage mata faɗi. In ya ce ƙasa, ya shigo da tuta da iyaka, alhali abin ya fi kusa da ƙamshin tuwon uwa da karin harshen unguwa. Mahaifa da asali da tushe kowanne ya ɗauki wani yanki ya bar saura. Mafi kusa shi ne abin da muke nufi in muka ce inda aka yanke wa mutum cibiya, sai dai a haɗa masa da kewa, domin Bajamushe bai cika ambaton Heimat ba sai ya yi nisa da ita ko yana tsoron rasa ta.

Akwai wata kalmar Hausa da a zahiri kishiyar wannan ce, wato zango, masaukin da ayari ke kwana ya tashi. Da ita nake so a auna wasan Reitz, kuma wurin da ya dace a yi awon shi ne Lome, babban birnin Togo, inda tarihin Jamusawa da na fataken Hausawa suka haɗu fiye da shekara ɗari da suka wuce.

Bari mu fara da wasan. Ƙauyen sunansa Schabbach, ƙirƙirarre ne, amma an dasa shi a Hunsrück, wani yanki mai tuddai da sanyi da talauci a yammacin kogin Rhine, inda aka haifi Reitz kansa a garin Morbach a 1932. Labarin ya buɗe da Paul Simon, ɗan maƙerin ƙauyen, yana dawowa a ƙafa daga Faransa a 1919 bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya. Ya tarar da mahaifinsa a maƙera, bai tsaya doguwar gaisuwa ba ya sa hannu a aiki, kamar jiya ya fita. Ya auri Maria, 'yar magajin garin, suka haifi 'ya'ya maza biyu, Anton da Ernst. Hankalinsa dai yana kan rediyo, yana harhaɗa wayoyi don ya kamo muryoyin birane masu nisa. Ran nan a 1928 ya ce zai je ya sha giya ya dawo, ya kama hanya, bai waiwayo ba. Can daga baya aka ji yana Amurka, a birnin Detroit, ya kafa kamfanin kayan lantarki. Sunan wannan kashi na farko Fernweh, ma'ana begen nesa, kishiyar Heimweh, begen gida. Hausa ba ta ware wa na farkon kalma guda ba, amma duk wanda ya san zuciyar ɗan ci-rani da kaka ta wuce ya san abin.

Maria ce ta zauna, kuma a kanta aka gina sauran sa'o'in. An haife ta a 1900, saboda haka shekarunta su ne shekarun ƙarnin. Ta ga zuwan wutar lantarki da wayar tarho da babban titi, ta ga 'yan Nazi sun hau sun sauka, ta so wani injiniya mai suna Otto ta haifa masa ɗa, Hermann, yaƙi ya cinye Otto. Wurin da ya fi tsaya mini a rai shi ne na 1939. Paul ya aiko wasiƙa cewa yana tafe, Maria ta rabu da Otto saboda mijin da ya yi shekara goma sha ɗaya bai ce mata uffan ba, ta tafi tashar jiragen ruwa ta Hambug tarye, sai hukuma ta hana shi sauka daga jirgi, domin sunan Simon ya yi kama da na Yahudawa kuma ba shi da takardar da za ta wanke asalinsa. Mutum ga ƙasarsu yana gani, ga matarsa da ɗansa a bakin gaɓa, takarda ta ce shi baƙo ne. Sai bayan yaƙi ya samu shiga Schabbach, da babbar mota da hular Amurkawa, ya tarar ba wanda ya san inda za a ajiye shi. Hausawa sun riga sun yanke wa irinsa hukunci: kowa ya bar gida, gida ya bar shi.

Me ya sa Jamusawa miliyoyi suka zauna suna kallon wannan tafiyar hawainiya, da karin harshen ƙauye da hoton da ke sauyawa tsakanin baƙi-da-fari da mai launi? Dalilin yana cikin tarihin kalmar. A ƙarni na 19 Heimat magana ce ta doka: garin da mutum ke da haƙƙin zama, wanda kuma ya wajaba ya ciyar da shi in ya tsiyace. Mai karatu a Nijeriya zai tuna da takardar shaidar asali ta ƙaramar hukuma, wadda ke iya mai da wanda aka haifa a gari baƙo a cikinsa. Daga baya 'yan Nazi suka ɗauki kalmar suka ɗaura ta da jini da ƙasa, suka kashe miliyoyi da sunan tsarkake ta. Bayan 1945 kuma aka koro Jamusawa kimanin miliyan 12 daga gabashin Turai, aka riƙa kiran su waɗanda aka raba da Heimat. Finafinan shekarun 1950 suka lulluɓe duk wannan da tsaunuka da furanni da soyayyar makiyaya. Kafin zamanin Reitz kalmar ta zama abin da mai ilimi ke jin nauyin furtawa. A watan Janairu na 1979 aka nuna wa Jamusawa wasan Amurka mai suna Holocaust, ƙasar ta girgiza, Reitz kuwa ya ji haushin cewa wasu ne daga waje ke ba Jamusawa labarin kansu. Yana tsibirin Sylt a lokacin, can arewa, yana jinyar faɗuwar wani fim nasa, a nan ya fara rubuta abin da ya tuna na danginsa, daga baya Peter Steinbach ya taya shi.

An zarge shi da cewa ya wuce kisan Yahudawa da sauri, zargin kuma yana da ƙafa. Ana ganin abin ne ta gefen ido, kamar yadda mutanen ƙauyen suka ga dama su gani. Masu kare shi sun ce ai wannan kau da kai shi ne gaskiyar da ya nuna. A ganina duka biyun sun faɗi wani abu, amma wanda aka hana sauka daga jirgi a wasan ɗan gari ne da aka yi wa kuskure, waɗanda aka kwashe da gangan kuwa ba a ba su kashi ko ɗaya ba. Duk labarin gida yana da wanda aka bari a bayan ƙofa, kuma daga bayan ƙofar ne tarihin zango ya fara.

Tun kafin Bature ya san hanyar, ayarin Hausawa na fita daga Kano da Katsina da Sakkwato zuwa Gwanja sayen goro. Su ɗauki kanwa da tufafi da fatu a kan jakuna, madugu na shugabanta, jagaba na gaba, su ƙetare Kwara, su ratsa Bargu, su yi watanni kafin su isa kasuwar Salaga. Duk inda suka kwana zango ne, tazarar da ke tsakanin kwana da kwana ita ma zango ce, daga nan muka samu ya da zango, da zangon karatu, da gajeren zango na rediyo. Hanyar ta bar sawunta a taswirar Togo: garin Sansanne-Mango na arewa yana ɗauke da kalmar sansani. Sannu a hankali wani ya tsaya don ya sauki masu zuwa, wani ya tsaya don ya karantar, wani bashi ya riƙe shi, wani aure. Bukka ta zama soro, aka gina masallaci, aka naɗa sarkin zango. Mutanen kurmi suka ji kalmar suka furta ta zongo, haka kuma ta shiga takardun Turawa.

A 1892 yaƙin basasa ya watsa Salaga, 'yan kasuwa da malamai da yawa suka gangara Kete-Karaci a bakin kogin Volta, garin da ya faɗa hannun Jamusawa. Su kuwa sun kafa ƙafarsu a gaɓar tekun Togo tun 5 ga Yuli 1884, ranar da Gustav Nachtigal ya ƙulla yarjejeniya da wakilan sarkin wani gari mai suna Togo a bakin tafki. Cikin waɗanda suka koma Kete-Karaci akwai Alhaji Umaru, malami kuma mawaƙi, haifaffen Kano wajen 1858, wanda ya zama limamin zangon har ya rasu a 1934. A can ya haɗu da jami'in Jamus Adam Mischlich, wanda ya wallafa ƙamus na Hausa da Jamusanci a 1906. Malamin ya rubuta masa da ajami bayanin ƙasar Hausa, garuruwanta da noma da sana'o'i da kasuwanni da sarautu da yadda ake zaman duniya. Ya kamata ɗalibi ya tsaya a nan ya yi tunani. Ɗaya daga cikin cikakkun hotunan ƙasar Hausa ta ƙarni na 19 da muke da su a yau, a zango aka zana shi, da hannun mutumin da ya bar ta, don amfanin wani Bajamushe da shi ma yake nesa da tasa. Kamar yadda Reitz bai iya ganin Hunsrück sosai ba sai daga tsibiri, haka Alhaji Umaru ya ga Kano daga bakin Volta. Tsohon garin Kete-Karaci ma yanzu yana ƙarƙashin ruwa, tun da aka datse kogin a Akosombo a shekarun 1960, yankin kuma ya riga ya zama na Gana.

Lome kanta 'yar kasuwa ce tun haihuwa. Wajen 1880 ta fara bunƙasa, saboda 'yan kasuwa masu gudun kuɗin fito na Ingilishi a Gwalkwas sun ga rairayin da ke dab da iyaka ya fi sauƙin sauke kaya. Hausawa na cikin waɗanda suka iso da wuri. Jamusawa suka mai da ita hedkwata a 1897, suka gina gadar sauke kayan jiragen ruwa a 1904, suka shimfiɗa dogo zuwa Aneho a 1905, Kpalime a 1907, Atakpame a 1913. Cikin 'yan sandansu na farko ma akwai Hausawa. Mulkin bai yi tsawon rai ba: a ƙarshen Agusta na 1914 suka rushe babbar tashar rediyonsu ta Kamina da hannunsu suka miƙa wuya. Ingilishi suka riƙe Lome zuwa 1920, Faransawa suka karɓa har ranar 'yancin kai, 27 ga Afrilu 1960. Tutoci uku suka sauka, Zango na nan, sai dai yana matsawa. Al'adar hukuma ce ta ajiye shi a bakin gari, in gari ya girma ya haɗiye shi, sai a ga ya tsaya a wuri mai tsada.

Abin da ya riƙe zango ba ganuwa ba ne, mai gida ne. A nan kalmar gida ta ɗauki wata ma'ana da ɗalibi ba zai samu cikakkiyarta a ƙamus ba. Mai gida a zango shi ne wanda baƙon ɗan kasuwa ke sauka wurinsa da shanu ko huhun goro. Shi zai ba shi ɗaki da abinci, ya ajiye masa kuɗi, ya haɗa shi da dillali, ya tsaya masa in an sayi kaya bashi, ya karɓi la'adarsa. Yaransa, waɗanda sau da yawa ba 'ya'yan cikinsa ba ne, su ke kai da kawowa, in sun yi biyayya ya yi musu aure ya ba su jari. Da haka baƙon bara ke zama mai saukar baƙin bana. Michel Agier, Bafaranshe masanin zamantakewa, ya zauna da 'yan kasuwar Zangon Lome a ƙarshen shekarun 1970, littafinsa a kansu ya fito a 1983, shekara guda kafin Heimat. Abin da irin wannan nazari ya nuna, a Lome da Kumasi da Sabon Ibadan, shi ne cewa wanda mutanen gari ke kira Bahaushe yana iya zama Bazabarme ko Bafillace ko Babarbare ko wani daga arewacin Togo. Musulunci da harshen Hausa da amanar ciniki su ne ƙofar shiga. A Schabbach sai kakanka na kwance a maƙabartar coci kake ɗan gari. A zango ana tambayar wa ya sauke ka, a bayan wa kake salla, wa zai tsaya maka.

Wannan sauƙin shiga yana da farashi. Karin magana ya ce baƙo raɓa ne, hukumomin bayan 'yancin kai kuma sun riƙe shi a haka ko da kakansa ne ya sari filin. A watan Nuwamba na 1969 gwamnatin Kofi Busia ta Gana ta ba baƙin da ba su da takardun zama mako biyu su fice. Dubban ɗaruruwa suka kama hanya, da yawa ta iyakar Aflao wadda ke manne da Lome, cikinsu har da waɗanda aka haifa a zangunan Akara da Kumasi, aka ce su koma gida, gidan da ba su taɓa gani ba. Ga Paul Simon a kan jirgi an juya shi: shi an hana shi sauka a inda aka haife shi, su an kore su daga inda aka haife su, duka biyun kuma takarda ce ta yi magana.

Na Lome ya zo a 1977. Kuɗin ma'adinin fosfat sun shigo a tsakiyar shekarun 1970, birnin ya karɓi taron da aka sa hannu kan Yarjejeniyar Lome a 1975, gwamnatin Janar Eyadema na son babban birni mai fuskar zamani da dogayen benaye. Zango kuwa yana tsakiyar gari, cunkushe, da rufin kwano da lunguna. Aka kafa hujja da tsafta da gyaran gari, aka tashi unguwar, aka rushe ta, aka nuna wa mutanenta fili kimanin kilomita 15 arewa da birni, a bakin babbar hanyar da ta nufi Atakpame. Ba duka suka bi ba, wasu sun watsu cikin unguwanni suna haya don kada su yi nisa da kasuwa. A tsohon wurin manyan gine-ginen bankuna suka tashi. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne lokacin: shekara biyu kafin nan aka kafa ƙungiyar ECOWAS, Eyadema na cikin iyayenta tare da Janar Gowon, shekara biyu bayan nan kuma ƙungiyar ta amince da 'yancin zirga-zirgar jama'a. Mutanen da suka yi ƙarnuka suna aikata abin da yarjejeniyar ke fata, su aka fitar bayan gari.

A nan labaran biyu suka rabu. A Heimat wuri ne ke zaune, mutane na tafiya. Maƙerar na nan, dutsen bangon na nan, abin da ke zubewa shi ne zumunci. A kashi na ƙarshe, 1982, Maria ta rasu, hadari ya tarwatsa masu rakiya har aka bar akwatin gawarta a tsakiyar titi cikin ruwa, 'ya'yanta kuma suka shiga zargin juna kan kayan gidan, har Anton ya kafe ƙofa da katako don kada Ernst, mai cinikin tsofaffin kaya, ya kwashe. Gida ya zama abin sayarwa ga masu kewarsa. A Lome kuwa wurin ne aka ɗauke. Ba a bar bango ba, ba a bar lungu ba, amma liman ya samu sahu a bayansa, mai gida ya sauki baƙinsa a sabon ɗaki, makarantar allo ta kunna wutarta, unguwar ta tafi da sunanta. Ba ina cewa ba a yi asara ba. Tsohon da ya saba takawa zuwa babbar kasuwa ya koma neman kuɗin mota, wanda ke cin hayar ɗakuna ya rasa abin hannunsa, maƙwabtan shekara arba'in suka rabu. Sai dai al'ummar da ta sa wa mazauninta sunan wurin kwana ɗaya ta daɗe da koyon zuba gida a cikin abin da ake iya ɗauka.

Reitz bai tsaya a nan ba. Ya bi Hermann zuwa birnin Munich a Die zweite Heimat, wato gida na biyu, kashi 13 a 1992, ya ƙara na uku a 2004, sa'an nan a 2013 ya koma baya zuwa shekarun 1840, lokacin da yunwa ke korar mutanen Hunsrück zuwa Birazil. A wannan na ƙarshe Jakob, wanda ya haddace littattafai kan Birazil har yana koyon harsunan mutanen dajinta, shi ne bai je ba, ɗan'uwansa da bai taɓa mafarkinta ba shi ya tafi. Jikokin waɗancan matafiya suna kudancin Birazil har yau, a jihar Rio Grande do Sul, suna magana da wani harshe da ake kira Hunsrik, wanda ya ɗebo kalmomin Fotugis ya kuma riƙe tsofaffin da Jamus ta manta.

Haka Hausar zango take, kuma a nan ɗalibi ke da aiki. A zangunan Gana musamman, da yawa ba sa rarrabe jinsin namiji da na mace yadda Bakano ke yi, ɗ da ɓ da ƙ kan koma d da b da k, kalmomin harsunan maƙwabta sun shigo sun zauna. A Lome ana cakuɗa ta da Faransanci da Ewe da Mina a ciniki guda. Mai jin kansa da Hausar littafi kan yi murmushi in ya ji, ya ce ta lalace. Ya kamata ya tuna cewa mutanen da ke magana da ita sun riƙe ta ba tare da sarki ko makarantar gwamnati ko jarida ta tsaya mata ba, a ƙarƙashin Bajamushe da Bature na Ingila da na Faransa, cikin kora da rusau. In ya saurara da kyau zai ji kalmar gida tana aiki biyu a bakin mutum guda. Dattijo zai ce an kai gawar wane gida, yana nufin wani gari a ƙasar Sakkwato ko Dosso ko Tawa. In la'asar ta yi a kasuwar bakin teku kuma, ya naɗe tabarmarsa ya ce wa yaronsa za shi gida, ya nemi motar da ke kiran Agoe-Zongo.